Siyasa da Zumunci a Benezuwela: Yadda Rikicin Ƙasa Ya Shiga Cikin Gida

Saɓanin ra'ayin siyasa tsakanin 'yan gida ɗaya abu ne da ake samu a duk ƙasar da ake kaɗa ƙuri'a, kuma galibi ba ya wuce cacar baki ta lokacin zaɓe, wadda takan lafa da zarar an rantsar da wanda ya ci. Abin da ya bambanta Benezuwela, ƙasar da ke arewacin nahiyar Kudancin Amurka a bakin tekun Karibiyan, a cikin rubu'in ƙarnin da ya biyo bayan hawan Hugo Chavez mulki ranar 2 ga Fabrairun 1999, shi ne cewa ra'ayi ya tashi daga magana ya koma abin da ake biyan kuɗinsa, domin da shi ake samun aiki ko a rasa, da shi ake shiga jerin waɗanda za a raba wa gida ko abinci, daga baya ma da shi ake kwana a gidan yari. Da zarar ra'ayi ya yi tsada haka, ba zai yiwu wa ya ɗauki ra'ayin ƙanensa a matsayin abin da bai shafe shi ba, tunda hannun da ɗaya ya sa a takarda yana iya taɓa albashin ɗayan, kuma ƙuri'ar da uwa ta kaɗa tana iya zama, a idon ɗanta da ke aikin ƙarfi a Lima ko Bogota, dalilin da ya raba shi da ƙasarsa.

Kafin Chavez, jam'iyyu biyu ne suka yi ta karɓa-karɓar mulki tun daga yarjejeniyar Punto Fijo ta 1958, wato Accion Democratica mai farar tuta da COPEI mai koriya, kuma ko da yake gidaje kan rabu a tsakaninsu, rabuwar ba ta cika kaiwa ga gaba ba, saboda jam'iyyun biyu suna raba muƙamai da kuɗin man fetur a tsakaninsu. Tsarin ya fara tsagewa ne da faɗuwar farashin mai a shekarun 1980, sannan tarzomar Karakas ta 27 ga Fabrairun 1989, wadda ta tashi a kan ƙarin kuɗin mota kuma sojoji suka murƙushe ta da kisan ɗaruruwan mutane, ta tabbatar wa talakawa cewa ba su da rabo a cikinsa. Chavez, wanda ya yi yunƙurin juyin mulki ranar 4 ga Fabrairun 1992 yana da muƙamin laftanar-kanar, ya ci zaɓen Disambar 1998 da kimanin kashi 56 cikin ɗari, kuma ƙuri'un ba na talakawa kaɗai ba ne, domin malaman makaranta da ma'aikatan gwamnati da wasu 'yan kasuwa da masu jaridu ma sun mara masa baya. Ke nan iyalai da yawa da suka rabu daga baya sun faro ne a gefe ɗaya, sai kowa ya janye a lokacinsa, wani a 2002, wani a 2007, wani bayan rasuwar Chavez a 2013, wani kuma bai janye ba, shi ya sa gardamar cikin gida takan ɗauki kamannin zargin cin amana maimakon saɓanin fahimta.

Harshen da ɓangarorin biyu suka ɗauka shi ne ya fara ƙetare ƙofar gida. Chavez ya riƙa kiran abokan hamayyarsa escualidos, wato ƙanjamammu marasa kataɓus, da kuma marasa kishin ƙasa, su kuma wasu masu hali na gabashin Karakas suka riƙa jifan magoya bayansa da sunayen raini da ke nuni ga talaucinsu da launin fatarsu, ta yadda wanda ya tashi a unguwar talakawa ta Catia amma yake aikin ofis a Chacao yakan ji zagin kowane gefe ya same shi. Talabijin ta ninka abin. Shirin Alo Presidente, wanda shugaban ke gabatarwa da kansa ranar Lahadi, yakan ɗauki sa'o'i masu yawa a daidai ranar da dangi ke taruwa su ci abinci, ban da jawaban da ake tilasta wa dukkan tashoshi su katse shirye-shiryensu su yaɗa, yayin da manyan tashoshi masu zaman kansu, RCTV da Venevision da Televen da Globovision, suka zama tamkar jam'iyyar adawa a farkon shekarun 2000. Mutum biyu da ke kwana a ƙarƙashin rufi ɗaya suna iya wayar gari da labari biyu a kan abu guda, kuma gardamar ba ta tsaya ga ma'anar abin da ya faru ba, ta kai ga ko ya faru ma. Masaniyar halayyar al'umma Mireya Lozada ta Babbar Jami'ar Benezuwela ta yi rubutu tun a lokacin kan yadda kowane ɓangare ya daina ganin ɗayan a matsayin abokin hamayya ya koma ganinsa maƙiyi.

Ranar 11 ga Afrilun 2002 aka kashe mutum 19 daga ɓangarorin biyu a kusa da fadar shugaban ƙasa ta Miraflores, sojoji suka tsare Chavez, shugaban ƙungiyar manyan 'yan kasuwa Pedro Carmona ya naɗa kansa shugaban ƙasa ya rusa majalisa da kotun ƙoli, kuma cikin kwana biyu aka dawo da Chavez kan kujerarsa. Tun daga ranar kowane gefe ya sami mamatansa da yake ambato da na ɗayan da yake tsallakewa. Yajin aikin da ya tsayar da kamfanin mai na ƙasa, PDVSA, daga Disambar 2002 zuwa Fabrairun 2003 ya ƙare da korar ma'aikata kimanin 18,000, kusan rabin ma'aikatan kamfanin, kuma tunda a garuruwan mai kamfanin ne ke ba da gida da makaranta da asibiti, korar ta haɗa da mata da yara, kamar yadda aka gani a rukunin gidaje na Los Semerucos da ke jihar Falcon, inda dakarun tsaron ƙasa suka fitar da iyalai da ƙarfi a Satumbar 2003. A waɗannan garuruwa wanda ya shiga yajin da wanda ya karya shi sau da yawa surukai ne ko 'yan uwan juna, kuma kujerar da aka kori ɗaya daga kanta wani ne daga cikin dangi ko maƙwabta ya hau.

Takardar da ta bi mutane har gida

Babu abin da ya mayar da ra'ayi ya zama dukiya ko asara kamar jerin sunayen Tascon. Kundin tsarin mulkin 1999 ya ba jama'a damar neman ƙuri'ar kiranye a kan shugaban ƙasa idan kashi 20 cikin ɗari na masu rajista suka sa hannu, kuma 'yan adawa sun tara sa hannun, amma ɗan majalisa Luis Tascon na ɓangaren gwamnati ya wallafa sunaye da lambobin katin shaida na sama da mutum miliyan 2.4 a shafinsa na intanet, da hujjar a bincika ko an yi maguɗi. Chavez ya ci ƙuri'ar ranar 15 ga Agustan 2004 da kimanin kashi 59 cikin ɗari, amma jerin bai mutu ba, sai ma aka zuba shi a wata manhajar kwamfuta mai suna Maisanta wadda ta yaɗu a ofisoshi, har ta kai shugaban da kansa ya yi kira a 2005 da a binne jerin, wanda hakan ikirari ne cewa ana amfani da shi. Wani nazari da masana tattalin arziki Chang-Tai Hsieh da Edward Miguel da Daniel Ortega da Francisco Rodriguez suka wallafa a 2011 ya gano cewa kuɗin shigar waɗanda sunansu ya fito ya ragu da kimanin kashi 5 cikin ɗari, kuma a 2018 Kotun Kare Haƙƙin Ɗan Adam ta Ƙasashen Amurka ta yanke hukunci cewa an zalunci mata uku, Rocio San Miguel da Magally Chang da Thais Peña, waɗanda aka sallama daga hukumar kula da iyakoki a 2004 saboda sun sa hannu.

Tasirin wannan a cikin gida ya fi abin da alƙaluma ke nunawa. A ƙasar da gwamnati ke riƙe da kuɗin mai, kuma ita ce babbar mai ɗaukar aiki da ba da kwangila, yanayin da mai karatu a Nijeriya ba zai rasa ganewa ba, kusan kowane gida yana da wanda abincinsa ke hannun hukuma. Sai ya zama mahaifi ma'aikacin gwamnati yana roƙon ɗiyarsa ɗaliba kada ta sa hannu, ko miji ya ɓoye wa matarsa cewa ya sa, ko wanda aka kora ya riƙa kallon ɗan'uwansa da ya tsira yana sanye da jar riga, launin ɓangaren Chavez, a taron gangami, ba tare da sanin ko aƙida ce ta kai shi ko tsoron rajistar halarta ba. Shugaban PDVSA na lokacin, Rafael Ramirez, ya fito ƙarara a 2006 ya faɗa wa manyan ma'aikata cewa kamfanin ja ne tun daga sama har ƙasa, kuma wanda bai gamsu ba ya ba da wuri.

Gidan Villegas da wasu gidaje

Misalin da 'yan jaridar ƙasar suka fi kawowa shi ne gidan Villegas, kuma abin lura shi ne gida ne na 'yan gurguzu tun asali, don haka ba za a ce rikicin mai kuɗi da talaka ne ya raba shi ba. Mahaifin, Cruz Villegas, jagoran ƙwadago ne kuma ɗan jam'iyyar kwaminis wanda ya sha ɗauri a zamanin mulkin soja na Marcos Perez Jimenez, mahaifiyar kuma, Maja Poljak, Bayahudiya ce 'yar asalin Zagreb da ta tsere wa 'yan Nazi ta zama 'yar jarida a Karakas. Uku daga cikin 'ya'yansu maza sun zama 'yan jarida, kuma kowa ya kama hanyarsa. Mario ya zama mai sukar gwamnati a rubuce-rubucensa na jarida, kuma yana aiki a hukumar haraji ta ƙasa aka ba shi takardar canjin wurin aiki zuwa Santa Elena de Uairen, can kan iyakar Barazil, matakin da mutane da yawa suka fassara a matsayin horo. Vladimir ya kasance cikin waɗanda suka rubuta kundin 1999, ya shugabanci tashar talabijin ta gwamnati, ya yi jakada a Barazil da Meziko, ya kai mataimakin ministan harkokin waje, sannan ya raba gari da gwamnati a 2007, shekarar da Chavez ya nemi a gyara kundin don cire iyakar wa'adin mulki. Ernesto, ƙaninsu, ya tsaya inda yake, ya zama ministan yaɗa labarai a Oktoban 2012, shi ne muryar da ƙasa ta riƙa saurara tana karanta sanarwar halin da Chavez ke ciki a asibitin Habana, daga baya kuma ya zama ministan al'adu a ƙarƙashin magajin Chavez, Nicolas Maduro. 'Yar'uwarsu Asia, likita, ta zama 'yar majalisa a jam'iyya mai mulki.

Abin da gidan ke nunawa shi ne cewa dukkansu suna iya da'awar gadon uba ɗaya: wanda ya zauna yana cewa Cruz Villegas bai taɓa barin sahun talakawa ba, wanda ya fita yana cewa Cruz Villegas ya sha ɗauri ne saboda ya ƙi mulkin danniya. Gardama irin wannan ta fi ta baƙi zafi, domin ba a kan makomar ƙasa kaɗai ake yin ta ba, har da wane ne ɗan halak a cikin 'ya'ya. Haka ta kasance ga lauyoyin tsarin mulki biyu 'yan uwan juna, Carlos da Hermann Escarra, inda Carlos ya riƙe muƙamin babban lauyan gwamnati har rasuwarsa a Janairun 2012, yayin da Hermann ya yi shekaru a sahun masu tsananin adawa, sai bayan rasuwar ɗan'uwansa ya koma ɓangaren gwamnati, har ya shiga majalisar rubuta kundi ta 2017.

Gidan Chavez kansa bai tsira ba. Tsohuwar matarsa Marisabel Rodriguez, wadda ita ma tana cikin marubuta kundin 1999, ta fito ta yi kamfe a kan a ƙi gyaran 2007, wanda ya faɗi da ƙaramin rinjaye ranar 2 ga Disamba, kuma a shekarar da ta biyo baya saɓaninsu a kan ganin 'yarsu ya kai gaban kotu kafin shugaban ya janye ƙarar. Janar Raul Isaias Baduel, wanda ya yi rantsuwar gwagwarmaya tare da Chavez tun 1982, ya jagoranci dawo da shi a 2002, ya riƙe ma'aikatar tsaro, yana kuma da dangantakar compadre da shi, wato zumuncin da al'adar Katolika ke ƙullawa tsakanin mahaifin yaro da wanda ya tsaya wa yaron a wajen baftisma, ya soki gyaran a Nuwambar 2007, aka kama shi a 2009, ya mutu a tsare a Oktoban 2021, kuma biyu daga cikin 'ya'yansa maza su ma sun shiga kurkuku.

Lamarin da ya fi girgiza jama'a ya faru ne a lokacin zanga-zangar 2017, wadda aka kashe sama da mutum 120 a cikinta. Ranar 26 ga Afrilu aka kashe ɗalibi ɗan shekara 20, Juan Pablo Pernalete, a unguwar Altamira, kuma a daren ranar, Yibram Saab, ɗalibin shari'a kuma ɗan Tarek William Saab, wanda ke riƙe da ofishin kare haƙƙin jama'a, ya fitar da bidiyo yana cewa gwangwanin hayaƙi mai sa hawaye ne ya kashe ɗalibin, kuma shi ma yana kan titi a ranar, abin da ya sami Pernalete zai iya samunsa, yana roƙon mahaifinsa ya yi abin da ya dace. Ministan yaɗa labarai na lokacin, Ernesto Villegas, ya gabatar da bayanin cewa wani makami ne na daban ya kashe ɗalibin ba na jami'an tsaro ba, babbar mai gabatar da ƙara Luisa Ortega Diaz ta ce gwangwanin hayaƙi mai sa hawaye ne da dakarun tsaron ƙasa suka harba ya daki ƙirjinsa, aka tsige ta a Agusta aka naɗa Saab a gurbinta, kuma sai a Mayun 2021 Saab ɗin ya amince cewa gwangwanin ne, wato abin da ɗansa ya faɗa shekara huɗu kafin nan.

Gidan uwa, kwalin abinci da tikitin mota

Waɗannan gidaje ne na sanannun mutane, kuma suna da abin da talaka ba shi da shi, wato hanyar da kowa zai ci abincinsa ba tare da ɗayan ba. A unguwannin da ke manne da duwatsun Karakas, irin su Petare da 23 de Enero, abin ya sha bamban. Limamin Katolika kuma masanin halayya Alejandro Moreno, wanda ya yi shekaru da dama yana zaune a Petare, ya bayyana iyalin talakan Benezuwela da cewa uwa ce cibiyarsa, domin ita ce ke riƙe da 'ya'ya da jikoki ko da maza sun zo sun tafi, kuma dangantakar ɗa da uwa ta fi kowace ƙarfi. A irin wannan gida ba a cika yanke zumunci ba, sai dai a kafa dokar cewa ba a siyasa a gaban uwa, musamman a watan Disamba lokacin da dangi ke haɗuwa su yi hallaca, wato ƙullun masara da ake cusa wa nama da zaitun da zabibi a naɗe a ganyen ayaba a dafa, kusan yadda ake ƙulla alale a ganye, aikin da ke buƙatar hannu da yawa da yini guda. Marubuci Alberto Barrera Tyszka ya gina wani ɓangare na littafinsa Patria o muerte, wanda ya ci kyautar Tusquets a 2015, a kan likita mai ritaya da ya maƙale tsakanin matarsa mai tsananin ƙin Chavez da ɗan'uwansa mai tsananin sonsa, kuma masu karatu da yawa sun ga gidajensu a ciki.

A waɗannan unguwanni rabuwar ta fi bin shekaru. Dattijuwar da ta fara ganin likita a unguwarsu ta hanyar shirin Barrio Adentro na 2003, wanda ya kawo likitocin Kyuba, ko ta koyi karatu a shirin Robinson, ko ta sami fansho ko ɗaki a gidajen da aka fara ginawa a 2011, tana da hujjar da ba ta cikin littafi, kuma 'yan adawa sun yi shekaru suna kuskuren ɗaukar wannan godiya a matsayin jahilci ko kwaɗayi. Jikanta kuwa bai san wata gwamnati ba sai wannan, kuma abin da ya gani shi ne layin burodi, da asibiti babu magani, da hauhawar farashin da babban bankin ƙasar da kansa ya ce ta kai kashi 130,060 cikin ɗari a 2018, da tattalin arzikin da ya ragu da kusan kashi uku cikin huɗu a ƙasa da shekara goma, da duhun da ya rufe kusan dukkan ƙasar na kwanaki a Maris ɗin 2019. Binciken ENCOVI na Jami'ar Katolika ta Andres Bello ya nuna cewa a 2021 sama da kashi 94 cikin ɗari na jama'a suna cikin talauci idan aka auna da kuɗin shiga. Ita tana ɗora laifin a kan takunkumin Amurka, wanda ya fara da na kuɗi a Agustan 2017 ya kai ga na mai a Janairun 2019, shi kuma yana ɗora shi a kan sata da rashin iya mulki. Gaskiyar lissafi ita ce rushewar ta fara kafin takunkumin, takunkumin kuma ya ƙara mata nauyi, amma wannan amsa ce da ba ta gamsar da kowa a kan tabarmar cin abinci.

A 2016 gwamnati ta kafa kwamitocin CLAP masu raba kwalin abinci mai rahusa gida-gida, a 2017 kuma ta fito da katin Carnet de la Patria wanda ta hanyarsa ake biyan tallafi, kuma a zaɓen 2018 an kafa jajayen rumfuna kusa da wuraren zaɓe inda ake duba katin. Mai rabon a kowane layi maƙwabciya ce, sau da yawa gwaggo ko ƙanwar miji, kuma ita ce ta san wanda ya buga tukunya a taga lokacin zanga-zanga. Da haka ɗan da ya fita titi yana iya jefa kwalin mahaifiyarsa cikin haɗari, ita kuma mai rabon tana tsakanin umarnin jam'iyya da kunyar dangi.

Sai ƙaura ta zo ta sauya fasalin gardamar gaba ɗaya. Alƙaluman Majalisar Ɗinkin Duniya sun nuna cewa sama da mutum miliyan 7.7 sun bar ƙasar, kusan kashi ɗaya cikin huɗu na al'ummarta, kimanin miliyan 2.8 a Kolambiya, kimanin miliyan 1.5 a Peru, wasu da ƙafa ta gadar Simon Bolivar zuwa Cucuta, wasu ta dajin Darien, inda a 2023 kaɗai sama da 'yan Benezuwela 300,000 suka ratsa. Ƙungiyar kare yara ta Cecodap ta ƙiyasta a 2019 cewa sama da yara 900,000 ne aƙalla ɗaya daga iyayensu ya tafi ya bari, galibi a hannun kakanni mata. Yanzu mai aiko da dala shi ne ke ciyar da gidan, kuma sau da yawa shi ne ɗan adawar, wanda ake ciyarwa kuma shi ne mai hoton Chavez a bango, don haka ikon magana ya juya, uba ya koma yin shiru a gaban ɗan da ke biyan kuɗin maganinsa. Wani sabon tsagi kuma ya buɗe a cikin 'yan adawa kansu, tsakanin na waje da ke neman a tsananta takunkumi ko a kawo sojojin ƙetare, da na gida da ke cewa mai kira daga Madrid ko Miami ba shi ne zai kwana a duhu ba. Zauren dangi na WhatsApp, wanda ya maye gurbin taron Lahadi, ya zama wurin da ake fita a fusace a kuma dawo idan an yi rasuwa.

Ba mamaki da zaɓen 28 ga Yulin 2024 ya zama zaɓe a kan iyali. Jagorar 'yan adawa Maria Corina Machado, wadda aka hana tsayawa, ta zagaya ƙasar tana yi wa ɗan takara Edmundo Gonzalez kamfe da alƙawarin dawo da 'ya'ya gida, kuma wannan saƙo ya shiga unguwannin da a da ba ta isa ta taka ba, domin uwar da ta zaɓi Chavez sau huɗu ita ma tana da ɗa a Santiyago. A nan tsohuwar rabuwar ta ragu ƙwarai, ba don an sasanta ba, sai don ɓangare ɗaya ya ƙanƙance. Cikin miliyoyin da ke waje, kimanin 69,000 kaɗai ke da rajistar zaɓe. Hukumar zaɓe ta ce Maduro ya ci da kimanin kashi 51 cikin ɗari ba tare da ta wallafa sakamakon rumfuna ba, 'yan adawa kuma suka wallafa takardun sama da kashi 80 cikin ɗari na rumfunan da ke nuna Gonzalez ya sami kusan kashi 67. An kama sama da mutum 2,000 cikin 'yan makonni, aka buɗe wani sashe a manhajar gwamnati ta VenApp domin jama'a su kai rahoton masu zanga-zanga, kuma dokar hana ƙiyayya ta 2017, mai hukuncin ɗauri har shekara 20, ta sa saƙon da aka tura a zauren dangi ko na unguwa ya zama abin da ke iya kai mutum kotu. Shirun da a da ake yi don girmama uwa ya koma shirun tsoron wanda ke cikin zauren.

Duk ɓangarorin biyu sun yi zagi, kuma raini da juyin mulkin 2002 laifi ne da ke wuyan 'yan adawa, amma nauyin ba ɗaya ba ne, domin ɓangare ɗaya kaɗai ke da jerin sunaye da kwalin abinci da mabuɗin kurkuku. Tawagar binciken da Majalisar Kare Haƙƙin Ɗan Adam ta Majalisar Ɗinkin Duniya ta kafa a 2019 ta rubuta cewa jami'an tsaro kan kama dangin wanda ake nema domin a matsa masa, wato a hukunta mutum da laifin jininsa. Da aka kama Rocio San Miguel, wadda ta kai ƙarar jerin Tascon, a filin jirgin Maiquetia a Fabrairun 2024, an tsare 'yarta da 'yan uwanta maza biyu tare da wasu na kusa da ita. Ranar 7 ga Janairun 2025, kwana uku kafin a rantsar da Maduro a karo na uku, wasu mutane da suka rufe fuskokinsu sun tare Rafael Tudares, surukin Edmundo Gonzalez, wanda ba ya riƙe da wani muƙamin siyasa, suka tafi da shi a gaban 'ya'yansa biyu da yake kai wa makaranta.